Biskit ɗin da Baƙi Suka Ɓoye a Falona

Zuwa ga Yayata abar ƙaunata,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ki gaisuwar ƙanwa ga yayarta, da fatan takardar nan za ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ke da maigidan da yara. Allah ya ƙara miki sauƙin gwiwar nan, ya sa ki daina hawa bene da kaya a hannu, ko da yake na san ba ji za ki yi ba. Mu nan lafiya lau, alhamdu lillahi. Ɗanki Dogo maganar aurensa ta kankama, Auta kuma tana fama da jarrabawa, ta rame sai idanu. Baban Dogo yana nan yadda kika san shi. Tun da ya ajiye tuƙin motar asibiti ba shi da aiki sai gyaran abin da bai lalace ba.

Na san za ki yi mamakin ganin takarda alhali ga waya. Sau da yawa na ɗauki wayar na ajiye, don abin da zan faɗa ba zai fito daga bakina ba, kuma ke ba kya bari mutum ya kai ƙarshen magana ba ki sa dariya ba. Kin ce in yi biskit ɗin almon mai cakulan a kai don taron gama karatun 'yarmu Nas, ina ta ja miki rai ban ba ki amsa ba. Ba yanga ba ce, Yaya. Saura kaɗan in rubuto miki cewa na bar yin biskit har abada, ki nemi wata. Ga yadda aka yi.

Kin tuna zazzaɓi da murar da suka kwantar da ni bara? Na tashi, na warke, amma hancina da harshena ba su tashi tare da ni ba. Ba na jin ƙamshin komai, ba na jin ɗanɗanon komai. In na sa cakulan a baki, laushinsa kawai nake ji. Ni da ake cewa daga tsakar gida nake sanin biskit ya gasu, na koma ina jawo kujera gaban obin, ina leƙen gilashi har sai gefensa ya fara ja. Ban gaya wa kowa ba, ko ke. Na ce a raina kwana biyu ne zai dawo, kuma wa zai sayi biskit a hannun macen da ba ta san abin da take dafawa ba? Shekara da shekaru da shi aka san ni a layin nan. Sai na dogara da hannuna, don hannun bai manta komai ba: a bar bota ta yi laushi ba tare da ta narke ba, a buga ta da sukari har ta yi fari, a zuba fulawa da niƙaƙƙen almon, gyaɗar Turawan nan, da ɗan gishiri, a mulmula, a danna da gindin kofi. In ya huce sarai, a dafa bota da madara da hodar cakulan da sukari a ƙaramar wuta, a sauke a yi ta bugu har ya yi kauri, a shafa da sauri kafin ya daskare. Haka na ci gaba, kuma ba wanda ya dawo mini da kaya.

A cikin watannin nan ne Baban Dogo ya tsiro da wata ɗabi'a da ta dinga ƙona mini rai. Mutumin da tun aurenmu bai san inda ludayi yake ba, sai ga shi kullum a kicin. In na juya baya ya jefa almon a baki. In na buɗe sabuwar bota ya lakata da cokali. In na sauke cakulan ya lashe muciya kamar yaron goye. Wani lokacin in nemi ragowar bota in rasa, ya ce ai ya shafa a burodi ya sayo mini wata. Kin san bakina. Na yi masa tatas a gaban Auta, na ce tsufa ya zo masa da kwaɗayi, ritaya ta mayar da shi ɓeran kicin. Har maƙwabciyata mai ɗinki na ba labari muka yi ta dariya. Ranar da na sayo babban buhun almon a wani sabon shago, sai na zuba shi a kabad tare da bota, na sa kwaɗo, na rataya makullin a wuyana. Ya roƙe ni in ba shi ƙwaya ɗaya tak, na hana.

Daga wannan buhun na yi gwangwanin da na aiko miki wancan watan. Daga shi kuma na yi na ranar da mahaifiyar yarinyar da Dogo zai aura ta kawo mana ziyara, ita da ƙannenta mata. Shugabar makaranta ce, mace mai kamun kai, irin waɗanda in sun zauna kujera ma sai ta nutsu. Na fito da farantan da ba na bari a taɓa, na jera biskit, cakulan yana ta sheƙi, kowanne da ɓarin almon a tsakiya. Wallahi a ido ban taɓa yin mai kyansa ba. Sannan na zauna ina cika baki. Na ce musu ba na sa man gwangwani sai bota tsantsa, na ce ni da hanci nake aiki ba da agogo ba. Ni, Yaya, da bakin nan nawa na faɗi haka. Kowacce ta ɗauka, ta gutsura, ta ce madalla, ta kai hannu ga shayi. Ina ganin farantin kowacce ya koma wayam sai in ƙara mata, in ce kada ta ji kunya, gida ne. Baban Dogo ya leƙo ya gaishe su, ya miƙa hannu zai ɗauki ɗaya, na harare shi, ya janye hannunsa ya fita.

Da la'asar suka tafi, na raka su har bakin mota, na dawo ina kwashe kaya ina 'yar waƙata. Na ɗaga kofi, sai ga biskit a bayansa, a naɗe cikin takardar goge baki, an gutsura sau ɗaya. Na ce wata ce ba ta son zaƙi. Na ɗaga matashin kujera, ga wani. Ga wani a ƙasan tebur, an tura shi can ciki da ƙafa. Da na zo kan tukunyar furen nan ta bakin taga, har biyu na tono, an ɗan rufa musu ƙasa. Na tara su a tire na tsaya ina kallo, kowanne da shaidar haƙori guda. Na ɗauki ɗaya na kai hanci, na sa a baki na tauna, ban ji komai ba. A nan ne na ji kamar ƙasa ta tsage in shige.

Na ɗauki tiren na same shi a baranda yana kwance wata tsohuwar fanka. Na miƙa masa. Ya ɗauki ɗaya ya shinshina, ya ɗan gutsura, ya tauna, ya daure ya haɗiye. Ya ce almon ɗin ya tsufa, man jikinsa ya lalace, yana ɗaci yana maƙaƙi a maƙogwaro, warinsa kuma kamar na tsohon fenti. Na fara kame-kame, na ce mura nake yi kwanan nan. Sai ya ajiye abin kwance ƙusar da ke hannunsa ya dube ni, ya ce ya sani tun bara. Ya ce tun ranar da madara ta ƙone a wuta, hayaƙi har ɗaki, ni kuwa ina tsaye kusa da ita ina wanke kofuna ban waiga ba. Ya jira in faɗa masa da kaina, da ya ga ba ni da niyya, sai ya nemi hanyar da ba za ta kunyata ni ba. Botar da nake rasawa ba a burodi ta tafi ba, ta fara juyawa ne yake zubarwa ya sayo sabuwa.

"Ba kwaɗayi ba ne, Maman Dogo," ya ce. "Ɗanɗana miki nake yi."

Yaya, makullin yana wuyana yake wannan maganar. Kunyar baƙin daban, wannan daban. Baƙi za su yi dariya a mota su manta. Wannan kuwa mutum ne da na kira ɓera a gaban 'yarsa, shi ko zaƙi bai dame shi ba, ya yi wata da watanni yana lasar bota don rufin asirina. Na zauna a kan bokitin kayan aikinsa na yi kuka mai isata. Na ce masa shi ke nan, na bar sana'a, gobe zan kira mai shagon shayin da nake kai wa kaya in ce ya nemi wata, obin kuma in ba Auta in ta yi aure. Ya bar ni na gama, sannan ya ce obin ɗin sai ya gyara shi tukuna. Obin da lafiyarsa ƙalau. Cikin kukan sai da na yi dariya.

Washegari na yi abin da ya fi mini wuya, na kira mahaifiyar yarinyar na faɗa mata gaskiya duka, har da maganar hancin da na cika baki a kai. Na gama, ina jiran wa'azi. Sai ta ce na tukunyar furen nan ita ce ta binne su, in yafe mata, don ina ƙara mata tana rasa inda za ta kai. Ta ce ƙanwarta ma ta tafi da uku a jaka. Ta yi mini addu'ar samun lafiya, ta ce ita yanzu hankalinta ya kwanta da gidan da za ta kai 'yarta. Na gode mata, amma har yau in na tuna nakan rufe fuska ni kaɗai a kicin. Likita kuma na je, tun da yanzu ba abin ɓoyewa. Ya ce wataƙila ya dawo a hankali, wataƙila kuma ba zai dawo duka ba, in yi haƙuri.

Yanzu na zo kanki. Gwangwanin da na aiko miki daga buhun nan ne, ke kuma kika kira ni kika ce bai taɓa yin daɗi irin na wannan karon ba, har yara suna rububi. Haba Yaya. Ke da ba kya iya ganin ɗankwalina a karkace ki yi shiru? Ban ji haushinki ba, na san tausayi ne, amma da kin ce mini yana ɗaci, da ban jera shi a gaban surukai ba. A ina kika zubar da shi? Ina fatan dai ba ki ba kajin maƙwabta ba.

Na yi kusan mako ban kunna obin ba. Ran nan da safe na fito na tarar ya zubar da buhun, ya sayo sabon almon kaɗan, ya ajiye a kan tebur da bota, ya zauna a kujerata ta gaban obin ya harɗe hannu, wai yana jiran ma'aikaciya. Na cire makullin daga wuyana na ajiye a gabansa. Ya sa a aljihu. Ya ɗanɗana almon, ya ɗanɗana bota, na kwaɓa, na miƙa masa cokali da hannuna. Ya juya shi a baki yana kallon silin kamar wani alƙalin gasa, ya ce gishirin bai ji ba. Bakina ya buɗe da kansa zai ce me ya sani, sai na rufe shi, na ƙara gishiri. Shi ya ce mini ƙamshi ya fara tashi, na leƙa, gefen ya yi ja daidai. Da na sauke cakulan na miƙa masa muciyar, ya ce ya gaji da lasa a ɓoye, yau zai zauna ya lasa a tsanake.

Saboda haka ga amsarki: zan yi na Nas, in Allah ya kai mu, amma mu biyu za mu zo, ki tanadar wa ɗan ɗanɗanona kujera a kicin. Gwangwanin da ke tare da takardar nan na jiya ne. Ki ci, ki faɗa mini abin da kika ji tsakaninki da Allah. In kika sake yi mini kara, ba ni da hanyar ganewa, kuma abin da ya fi ba ni tsoro ke nan yanzu.

Ki gaishe mini da maigidan, da Nas, da 'yan biyu, da Gwaggon yara in ta zo. Dogo da Auta suna gaishe ki. Baban Dogo ma ya ce a gaishe ki, ya ce in gaya miki ya ci huɗu a zaune ɗaya. Gaskiya ne, a gabana ya ci. Duk da haka da ya tashi sai da na ɗaga matashin kujerar, na kuma leƙa tukunyar fure. Ban sami komai ba.

Allah ya bar zumunci, ya sada mu da alheri.

Taki har kullum,
Maman Dogo