Ni Na Ba Baturiya Sirrin Yayana, Ta Mai da Shi Mai Kisan Kai a Littafinta

Assalamu alaikum Hajiya mai kula da wannan shafi, tare da dukan masu karatu. Ina fatan kuna lafiya, ya iyali, ya sanyi. Don Allah a ɓoye sunana, kuma kafin kowa ya zage ni ya daure ya karanta har ƙarshe. Zagin da nake yi wa kaina ya ishe ni, shawara nake nema.

Ni 'yar Maradi ce, amma na yi sakandare a Katsina wurin gwaggona, can na iya Turanci. Na zo Faransa karatu a farkon shekarun casa'in, ina zaune a Saint-Denis. Wata malamarmu ta jami'a ce ta haɗa ni da wata tsohuwa 'yar Ingila da ke zaune a Paris, marubuciyar littattafan binciken kisan kai. Hannunta ya soma rawa, tana neman wadda za ta riƙa buga mata rubutu a mashin. Madam nake ce mata. Da ƙuruciyarta akawu ce a wata kotu a ƙasarsu, ta ce can ta gane cewa kowa na da abin da yake ɓoyewa. Bayan mijinta ya rasu ta dawo Paris. Yadda take aiki ma abin kallo ne: babin ƙarshe take fara rubutawa, sai ta san wanda ya yi kisan tukuna ta koma farko. Bangon ɗakinta cike yake da ƙananan takardu, kowace da sunan mutum da ƙaryar da ya yi. Kuma ba ta gajiya da tambaya. Mai burodi, mai gadin gida, direban taksi, duk sai ta tatse su. Ina ganin tana yi wa mutane haka, amma don wauta ban taɓa tunanin ni ma tatsa ta take yi ba.

Wata rana da la'asar aiki ya tsaya mata cik, kwana uku ba ta ba ni ko layi ɗaya ba. Ta zuba mini shayi ta ce, "Ke a ƙasarku, wane irin sirri mutum yake mutuwa da shi?" Ni kuma ina son in burge ta. Wannan ita ce gaskiya, ba tilasta ni ta yi ba. Shekara biyu ina buga maganar wasu, ranar nan na ga ta zuba mini ido kamar ni ce mai littafin. Sai na ba ta labarin Yayana.

Yayana yana Vénissieux kusa da Lyon, a dogayen benayen Minguettes, yana aiki a wani babban sito tun ina 'yar ƙarama. Sunan da ke kan takardunsa ba nasa ba ne. Na ɗan baffanmu ne, wanda ya samu takardun zuwa aiki Faransa, sanƙarau ya ɗauke shi saura 'yan makonni ya tafi. Suna kama sosai, manya suka zauna suka ce Yaya ya tafi a madadinsa don kada gida biyu su rasa. A duk Faransa mu uku muka sani: shi, ni, da amininsa da ya tarbe shi ranar da ya sauka, zan kira shi Malam Sani. Ko matarsa ba ta sani ba, balle 'ya'yansa da ke ɗauke da sunan. Ni kuwa na zauna na kwashe komai na ba Madam. Har ɗan yatsansa na hagu da injin niƙa ya cire. Har yadda shekarun farko in an kira shi da sunan takarda ba ya waiwayowa. Har sadakar ƙosai da yake yi duk Juma'a da sunan mamacin, mutane na mamakin mai yi wa kansa sadaka. Me ya kai ni? Wace irin ƙanwa ce ke yin haka a kan kofin shayi?

Bayan mako guda ta soma ba ni sababbin babi. Tun shafi na goma na gane Yaya. Na ce, "Madam, wannan ai yayana ne." Ta ce, "Na canja suna, na canja gari, ba wanda zai sani." Na ci gaba da bugawa. Da muka kai ƙarshe na ga abin da ta yi: a littafinta ba ciwo ne ya kashe ɗan baffan ba, mutumin ne ya kashe shi don ya ɗauke takardunsa, kuma mai binciken ya kama shi ne ta hanyar kiran sunansa na gaskiya a tashar jirgi, ya waiwayo. Da yatsuna na buga wannan babin. Abin da na iya yi kawai shi ne na roƙe ta ta cire sunana daga shafin godiya. Na ce wa kaina ai da Turanci ne, wa zai karanta a Minguettes?

Shekara biyu shiru, har na manta. Ashe an fassara shi da Faransanci. A hutun da ya wuce na hau jirgin ƙasa na je Lyon gaishe su, muna cin tuwo da rana sai babbar 'yar Yaya, mai shekara goma sha shida, ta fito da littafin da ta aro a bibliyotek, wato ɗakin karatu. Tana dariya ta ce, "Papa, c'est toi! Wallahi kai ne. Ɗan Nijar, ba yatsa ɗaya, mai sadakar ƙosai ran Juma'a. Amma shi ya kashe ɗan'uwansa." Yaya ya ajiye lomar da ke hannunsa. Ya ce, "Karanta mini wurin." Ta karanta. Matarsa tana kallon fuskarsa, ni ina kallon kwano. Ya tashi ya wanke hannu ya fita.

Kafin in koma Paris ya gaya wa matarsa gaskiya. Ta same ni a kicin idonta jajir ta ce, "Shekara goma sha takwas ina kiran mijina da sunan matacce. To gaya mini tsakani da Allah, ciwo ne ya kashe shi?" Na rantse mata ciwo ne, ina gidan ranar da aka fita da gawar. Ta ce, "Ke ma ai kin ɓoye mini na farkon." Yanzu a gidan gaisuwa ce kawai tsakaninsu. Yaya ya rame, ko wasiƙa aka jefa a akwati daga prefektir, ofishin da ke ba baƙi takardun zama, sai ya daɗe yana juya ta kafin ya buɗe.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne bai taɓa zargina ba. A saninsa aikin ofis nake yi, ban taɓa gaya musu wa nake yi wa ba. Sai ya zargi Malam Sani, don shi yana gadi a wani babban kantin littattafai a Lyon, marubuta na zuwa can. Yaya ya tare shi bayan sallar Juma'a a gaban mutane ya ce, "Amana na ba ka, ka kai wa Turawa. Daga yau ba ni ba kai." Dattijo mai furfura ya tsaya yana hawaye, yana cewa a kawo Alƙur'ani ya dafa. Mutane ba su san kan maganar ba, amma sun ji kalmar amana, yanzu wasu ko hannu ba sa ba shi.

Na koma wurin Madam a fusace. Na ce ta rusa gida. Ta saurare ni har na gama, sannan ta cire tabarau ta ce, "Na yi baƙin ciki, da gaske. Amma shekara arba'in ina wannan aiki, duk abin da na ji a kunnena nake sarrafawa, kin sani. Kuma ke kika buga shi, shafi bayan shafi. Me ya sa ba ki tsaya ba?" Na so in tsane ta, amma ina ƙaryar a maganarta? Ta ce za ta iya rubuta wa Yaya wasiƙar ban haƙuri. Wasiƙa! Wasiƙar da za ta nuna masa hanyar da labarin ya bi? Na ɗauki jakata na fito, ban sake komawa ba. Ita tana can tana rubuta wani sabon littafin tare da wata mai bugawar, ni ko abinci ba ya mini daɗi.

Shekaranjiya da safe wayar gidanmu ta yi ƙara, na ɗauka, Malam Sani ne. Ko gaisuwa bai ja ba. Ya ce, "Ɗiyata, ke kaɗai yake jin maganarki. Ki je ki gaya masa ban yi ba. Ni ban san ma wace ce matar ba. Ba na son in mutu yana ganina maci amana." Na ce, "To Baba, in sha Allahu." Ya yi ta sa mini albarka har katin wayarsa ya ƙare.

Jama'a, in na faɗa wa Yaya, mutumin da ya ɗauke ni kamar 'yarsa tun rasuwar mahaifinmu, na san ba zai ƙara kallona ba, kuma labari zai kai Maradi wurin Innarmu mai hawan jini. In na yi shiru, bawan Allah yana ɗauke da laifina a bainar jama'a, yana kuma jiran in wanke shi. Na sayi tikitin Lyon na ranar Asabar, yana cikin jakata, har yanzu ban san da wace magana zan shiga gidan ba.

Don girman Allah, me zan yi?