Ranar da Baba Ya Kira Ni Uwa

Zuwa ga Yayana Omkar,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kuna lafiya kai da iyali. Ubangiji Shiva ya tsare ku a ƙasar sanyin nan. Mu nan Haridwar kalau muke, sai jikin Inna da ya ƙi daɗi. Ƙirjin ne dai, likita kuma sai kauce wa idona yake yi.

Yaya, na tafka abin kunya, gara ka ji daga gare ni. Ka san tun da Baba ya yi wa kansa jana'iza da ransa a bakin kogin Ganga, ya yafa mayafi ruwan goro ya bar harkar duniya, ba mai zuwa wurinsa a cikinmu. Da na ji Inna tana ambatonsa cikin zazzaɓi, sai zuciya ta ɗebe ni, na hau mota zuwa Rishikesh inda yake zaune, ban shawarci kowa ba. Na tarar da shi cikin ɗalibansa, ƙafa a harɗe, ido a rufe, suna horon numfashi. Da suka gama na durƙusa, na kira shi Baba, na ce Inna na kwance tana son ganinsa. Ya dube ni da fara'a, ya sa mini albarka, ya kira ni Uwa, yadda masu gudun duniya ke kiran kowace mace. Ni fa, da ya yi ta ɗauka a kafaɗa!

Ban san sanda na cafke mayafinsa ba, alhali bai halatta mace ta taɓa irinsu ba. Na ɗaga murya na ce in da gaske ya mutu, ya daina aikowa a karɓar masa man zafi, ai gawa ba ta ciwon gwiwa. Ya zare mayafinsa daga hannuna. Daga baya na ji sai da ya yi wanka ya kama azumi saboda hannuna da ya taɓa shi, tsoho mai ciwon suga. Wayyo, ji na yi kamar ƙasa ta tsage in shige.

Na dawo na zayyana wa Inna komai, ina jiran faɗa. Ita kuwa ta tambaya ko da gaske Uwa ya ce mini. Na ce haka ne. Sai ta ce kada kowa ya sake zuwa kiransa, don in ya zo, ita ma abin da zai kira ta ke nan.

Ka taho, Yaya, kada ka ja lokaci. Ka gaida Anti Mrinal da su Tanmay. Goggo Hemlata na gaishe ku.

Ƙanwarka,
Kalindi