Kwalba Ta Bakwai

Daga Hamburg, Talata

Ƙanena Shakeb, assalamu alaikum. Ina Ammi, ya ƙafarta?

Karanta wannan kai kaɗai. Ka tuna 'yan kwalabe goma sha biyu na laka da na ajiye cikin akwati a alkukin ɗakin Ammi, saboda ana gyaran ginin makarantarmu? Na ce kada kowa ya taɓa su har kwana sittin. Shekara guda na jira aka ba ni kwana uku a kan na'urar awo ta nan Hamburg, ɗaya ya riga ya tafi.

Ga yadda aikin yake. Ana harba wa lakar hasken eksire, irin na hoton ƙashi, amma wanda aka tace har yana tafiya a jere kamar sahun salla. Ya ratsa ta, sai ya zuba ɗige-ɗige a allo. Idan ƙwayoyin lakar suna motsi, ɗigon yana ƙyaftawa. Sabuwar laka da sauri take ƙyaftawa, tsohuwa a hankali. Jijjigar tafiya ba ta yi mata komai, amma aka girgiza ta da ƙarfi sai ta narke ta koma jaririya.

Ta bakwai tana rawa kamar an haife ta jiya. Ta uku ma haka. Malamina murna yake, wai mun gano abin da ba a taɓa gani ba, jibi zai faɗa wa taro. Ni kuwa ina zargin girgiza ce. Wani ya taɓa akwatin nan?

Yayarka, Nuzhat

Daga Bhopal, Talata bayan la'asar

Aapi, wa alaikumus salam. Ammi lafiya, ta ce ki sa safa.

Ga takarda na rubuta na ɗauki hotonta, kin san yatsuna sun fi gane allurar aiki da alƙalamin kara a kan madannin waya. Laka tana rawa a Jamus? Ai da kin faɗa da na haɗo ki da makaɗa. Ammi ce kawai ta sa na yi wa akwatin tofi, daga waje. Tofi kuwa ba ya mayar da tsoho yaro, da innarmu Khala Shabnam ta daɗe da kama layi.

Idan ta tabbata an taɓa, me zai faru? Tambaya kawai nake.

Ƙanenki mai hankali, Shakeb

Daga Hamburg, Laraba da safe

Shakeb, salam.

Tun kana shekara shida, duk ranar da ka ce "tambaya kawai nake" akwai abin da ka fasa. Ga abin da zai faru. Idan Malam ya faɗa wa taro, daga baya aka gano girgiza ce, sunana ya lalace. Idan na ce an taɓa amma ban san yaushe ba, duk awon ya zama shara, digirin da na yi shekara biyar ina bi sai wata shekarar, in ma an sake ba ni. Gobe ƙarfe takwas za su karɓe na'urarsu. Ban iya cin komai ba tun jiya.

Ba zan gaya wa Ammi ba. Faɗa min.

Nuzhat

Daga Bhopal, Laraba da azahar

Aapi, assalamu alaikum. Ki zauna tukuna.

Ni ne. Ranar tofin na buɗe akwatin, na kifa ɗaya, abin ya tsaya cak kamar tuwo. Na kaɗa ta, sai ga shi yana gudu. Aapi, wa zai ga wannan ya yi shiru? Da Khala ta zo shan ruwa na nuna mata ta bakwai a daskare, na yi karatu, na kai hannu baya na girgiza, na fito da ita ruwa. Ta yi salati, ta ce in zo in yi wa gwiwarta. Ta uku kuma Munna mai shayi na yi wa, kwana biyu yana kirana Hazrat, sai ka ce wani waliyyi. Washegari na ga sun sake daskarewa, na ce shi ke nan, ba wanda ya yi asara.

Yau sau uku ina soke yatsana a shago, har maigida ya ce in tashi kafin in ɓata wa amarya riga da jini.

Kin ce matsalar ita ce "yaushe". Wannan na sani. Ni na ja tarawihi a masallacin lungunmu, izu biyu kowane dare, ban taɓa tsallakewa ba. Ta bakwai ita ce ta ranar tofin, kuma ranar ce Khala ta zo. Daren na fara Yusuf, don ina tsaye ina danne dariya a farkon surar. Daren sha biyu ke nan, amma ki lura, azumi na sha ɗaya aka sha a yammacin. Ta Munna daren Kahfi, na sha biyar, bayan mun idar.

Ki zage ni, amma ki ci abinci tukuna.

Shakeb

Daga Hamburg, Laraba da yamma

Shakeb.

Na lissafa. Kwanakinka sun zauna daidai kan saurin ƙyaftawar, kamar da gangan aka tsara. Na gaya wa Malam. Ya ce babu taro, amma laka mai shekaru daban-daban abin aunawa ce, muddin kowace an san ranarta. Ya ce kwalba ɗaya da ba a san tarihinta ba ta isa ta jefa shakka kan sauran.

Yanzu na sa ta tara. Tana rawa fiye da duka. Biyu ka ce min.

Daga Bhopal, Laraba bayan magariba

Aapi, salam.

Daren Yasin, na ashirin da biyu. Tsakanin la'asar da shan ruwa, a kan bene.

Uzma 'yar maigidanmu na nuna wa. Ba ta yi salati ba. Ta ce, "Girgizawa ka yi, na ga gwiwar hannunka. Yayarka ta sani?" Shi ya sa ban saka ta a lissafi ba.

Babu wata bayan waɗannan ukun, wallahi. Kada sunan Uzma ya shiga littafinki.

Shakeb

Daga Hamburg, Alhamis, takwas da kwata

Ƙanena, assalamu alaikum.

Sun karɓi na'urarsu. Sha biyun duka na auna, tara suna barci, uku suna rawa, kowace da ranarta. Malam ya tambayi wane irin agogo ka yi amfani da shi. Na ce izu sittin ne.

Na ci burodi. Ka gaida Ammi. Ka je ka gaya wa Khala gaskiya kafin ta kawo maka gwiwa. Uzma kuwa ba za ta shiga littafina ba, amma ranar Asabar zan sauka, kuma ita zan fara zuwa gani.

Yayarka, Nuzhat