Kwana Huɗun da Na Yi Shiru

Zuwa ga Yayata abin ƙaunata,

Gaisuwa mai tarin yawa, da fatan kina lafiya, ke da maigidan da yara. Yaya ƙafar nan taki, kumburin ya sauka? Allah ya ƙara sauƙi. Mu nan lafiya, in ban da abin da ya sa na zauna rubuta miki takarda maimakon in kira ki. Na san in na ji muryarki kuka zan yi, maganar ba za ta fito ba.

Kin tuna Malama, mai koyarwa a makarantar da ke bayan shagona, wadda kike cewa dariyarta ta fi jikinta girma? Shekara takwas da aurenta, ko ɓatan wata ba ta taɓa yi ba. Ranar Asabar ta zo kitso. Tun safe jikina ba daɗi, ɗan zazzaɓi da ciwon gaɓoɓin yatsu, ga wasu ƙululu a bayan kunnuwana. Na haɗiyi maganin zazzaɓi na buɗe shago, don Asabar ba ranar kwanciya ba ce ga mai kitso. Kin san shagon, kujera biyu da madubi sun cika shi, tagar kuma ta ƙi buɗuwa tun da aka sake fenti. Awa uku ina sunkuye a kanta, ina atishawa ina ba ta haƙuri. Ana cikin haka ta kamo hannuna, ta raɗa mini cewa tana da cikin wata biyu, kuma bayan mijinta ni ce ta farko da ta ji. Don murna har na rungume ta, Yaya.

Washegari ƙananan ƙuraje suka feso mini a fuska, suka gangara wuya da ƙirji. Ran Litinin na je asibiti. Nas ta taɓa bayan kunnena, ta ce tana zargin rubela ce, wata cuta mai kama da ƙyanda da ba ta cika wahalar da babba ba, kwana uku ƙurajen sun baje. Suka ɗebi jinina. Daga nan ta tambaye ni ko na kusanci mai ciki a 'yan kwanakin nan, domin in cutar ta kama mace a watanni ukun farko tana iya taɓa kunnen jariri, ko idonsa, ko zuciyarsa, wani lokacin ma cikin ya zube.

Na ce mata a'a. Wallahi ban san daga ina amsar ta fito ba. Sai da na iso bakin titi na gane abin da na yi.

Yau Alhamis sakamako ya fito, ita ce. Shago a rufe yake, na ce wa mutane mura ce. Jiya Malama ta turo mini hotonta tana yabon kitson, na kasa ba ta amsa. Zuciya ɗaya tana ce mini watakila an yi mata rigakafi tun tana yarinya, kada in tayar mata da hankali a banza. Ɗayar kuma tana tuna mini cewa ni ma haka na zata game da kaina, sai da na duba tsohon katin da Inna ta ba ni na ga allurar ƙyanda kaɗai aka yi mini.

Ki yi mini addu'a. Ki gaishe da kowa, amma kada Inna ta ji tukuna.

Ƙanwarki,
Auta

Yayata,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, na samu amsarki. Faɗan da kika yi mini ya dace da ni, sai dai kafin ya iso na riga na faɗa.

Ranar Juma'a da hantsi na kira ta. Ban je gidan ba, don nas ta ce sai ƙurajen sun cika mako da fitowa zan shiga mutane. Na zauna a bakin gado na faɗa mata komai, har da ƙaryar da na yi a asibiti. Ina jin hayaniyar ɗalibai a bayanta. Abin da kawai ta tambaya shi ne sunan cutar, ta sa na maimaita sau biyu tana rubutawa, sannan ta kashe wayar.

Da la'asar mijinta ya zo. Kin san shi, mai gyaran lantarkin nan da ya ɗaura mini fanka. Ya tsaya daga bakin ƙofa, bai shigo ba, bai kuma ɗaga murya ba, da ma ya ɗaga da na fi samun sauƙi. Ya tambaye ni yaushe na sani. Na ce tun Litinin aka yi zargi. Ya ƙirga da yatsunsa a gabana har zuwa Juma'a, ya dube ni, ya hau babur ɗinsa ya tafi.

Sun je asibiti a ranar. Ni ma na kira nas ɗin na gyara maganata, ta ce ba ni ce ta farko da tsoro ya sa ta musa ba, amma ta rubuta sunayen duk waɗanda na yi wa kitso a makon. Gwajin farko ya nuna jinin Malama ba shi da garkuwar cutar ko kaɗan, ba a taɓa yi mata allurar ba, ba ta kuma taɓa kamuwa ba. Na tambaya ko za a yi mata yanzu, aka ce ba a yi wa mai ciki, sai bayan ta haihu. Babu wani magani da ke kashe cutar. Jira kawai za a yi, domin takan yi mako biyu zuwa uku a jiki kafin ta nuna, sannan a sake gwaji.

Yau kwana goma sha biyu da kitson. Na buɗe shago, amma jiya sau uku ina warware tsagar kitso ɗaya. Duk lokacin da aka tashi makaranta sai in leƙa in ga ko za ta wuce. Ta sauya hanya.

Yaya, ki kai 'yarki babba a duba ta tun kafin ta samu ciki. In ba ta da garkuwa a yi mata allurar, an ce wata ɗaya kawai za ta jira bayan nan. Kada ki ce sai an samu sarari.

Taki,
Auta

Yaya,

Ina gaisuwa, ina fatan kuna lafiya. Ba zan tsawaita ba.

Ta kamu. A rana ta goma sha shida ƙululun suka fito mata a bayan kunne, gwaji na biyu ya tabbatar. Mijinta ne ya turo mini saƙo, layi ɗaya, ba gaisuwa. Likita ya zaunar da su ya faɗa musu gaskiya, cewa a irin wannan lokacin na ciki yawancin jarirai cutar tana taɓa su, sai dai ba wanda zai iya cewa ina za ta taɓa. Za a riƙa ɗaukar hoton cikin a kai a kai ana duba zuciyar. Kunne kuwa sai an haihu.

Nas ta ce ko a ranar Litinin ɗin na faɗa, da wuya a ce an tare ta. Na san don ta kwantar mini da hankali ta faɗa, watakila kuma gaskiya ce. Amma ni na san da zazzaɓi na buɗe shagon.

Yanzu ki faɗa wa Inna. Ni ba zan iya ba.

Auta

Zuwa ga Yayata,

Gaisuwa da fatan kuna cikin ƙoshin lafiya. Na ji daɗin labarin allurar 'yarmu, Allah ya yi miki albarka. Ki yafe mini shirun watannin nan, ba ni da abin rubutawa sai fargaba.

Malama ta haihu, mace, yau kwana ashirin. Ƙarama ce, amma tana shan nono sosai. Idanunta garau, zuciyarta ma likita ya ce ba abin damuwa. Saboda an san tarihin cikin, tun kwananta biyu aka gwada kunnenta da na'ura, aka sake bayan mako biyu. Na dama ba ya ji sam. Na hagu yana ji kaɗan, an ce za a saka mata abin taimakon ji kafin ta cika wata shida.

Shekaranjiya ta aiko in zo. Na tsaya a ƙofar gidan har ƙafafuna suka gaji kafin in yi sallama. Ɗakin shiru, ba 'yan barka, domin an ce jaririyar za ta iya yin watanni tana ɗauke da cutar, an hana masu ciki da waɗanda ba a yi wa rigakafi ba su matso. Ƙanwar Malama ma, da ke da tsohon ciki, ta waya take ganin 'yar. Ni kuwa da na riga na yi cutar, ba abin da za ta yi mini. Malama ta miƙo mini ita. Na karɓa.

Na fara ba ta haƙuri, ta dakatar da ni. Ta ce likita ya gaya mata da ba a san da cutar ba, mai yiwuwa sai yarinyar ta shekara biyu suna jiran ta yi magana kafin su gane. Sannan ta dube ni ta ce:

"Cutar ba ke kika ƙirƙire ta ba. Kwana huɗun nan ne har yanzu suke tsaya mini a wuya. Ki ba ni lokaci."

Na ce ta ɗauki duk lokacin da take so. Mijinta yana zaune yana gyaran wata fitila, bai ɗago ba, amma da zan tafi shi ya rako ni bakin ƙofa.

A nan ya faɗa mini cewa akwai wata mata a asibitin da ke koya wa iyaye maganar hannu duk ranar Laraba da yamma, su biyu sun fara zuwa. Ya ce Malama ta ce in ina so in zo, domin yarinyar za ta buƙaci mutane da yawa da za ta yi hira da su, ba iyayenta kaɗai ba. Gobe Laraba. Na riga na faɗa wa masu kitso cewa daga azahar shago a rufe yake.

Ki gaishe mini da Inna da maigidan da yara. Allah ya sada mu da alheri.

Ƙanwarki mai ƙaunarki,
Auta