Na Ce wa Inna Jingina Ce

Hajiya Sakinatu, assalamu alaikum. Don girman Allah ki taimake ni da shawara kafin a gama girbi, domin na shiga wani hali da na kasa faɗa wa kowa a gida. Ki sakaya sunana. Ni malamin gona ne a wani ƙauye na ƙasar Gezawa, shekarata arba'in da ɗaya, da mata ɗaya da 'ya'ya biyar.

Kin san yadda ƙasarmu take, gona ta haɗe da gona, gida ya haɗe da gida, ko wurin ɗaure akuya sai an yi shawara. A gidan gado muke zaune, mu bakwai a ɗaki biyu, ga yara sun fara girma. Da Baba ya rasu gona ɗaya ya bari a bakin gari, kuma ba a raba ta ba. Mu uku ne magada, ni da mahaifiyarmu Inna da ƙanwata Maimunat da ke aure a ƙauyen gaba da mu. Ni nake noma gonar, in kaka ta yi in kai wa kowa nasa.

Shekara biyu da 'yan watanni da suka wuce wasu ma'aikatan banki suka zo sakatariya suna tallar bashin gina gida. Na nemi naira miliyan huɗu in yi ɗaki uku a kusurwar gonar. Suka ce sai da takardar fili. Raba gado da auna kowane kaso zai ci kuɗi da lokaci, sai na yi wa gonar takarda ɗaya da sunana, da sanin Inna da Maimunat. Ita wannan takarda na miƙa wa banki.

Hajiya, ga inda na yi wautar. Takardun duk da Turanci suke, kuma ba wai ba na jin Turanci ba ne, amma irin nasu na lauyoyi sai mutum ya karanta layi uku bai san inda aka dosa ba. Ma'aikacin da ya yi mini bayani Bahaushe ne, ya ce mini abin nan ai jingina ce kawai, za su riƙe takarda, in na gama biya in karɓi abata. Da na ji kalmar jingina sai hankalina ya kwanta ɗungurungum, don na san jingina tun ina yaro. Shekarar da aka yi fari Baba ya jinginar da wannan gonar ga Alhaji Sha'aban, mai sayen gyaɗa a garinmu. Shekara tara tana hannunsa. Ranar da Allah ya hore, Baba ya ƙirga masa daidai abin da ya karɓa a gaban dagaci, ko sisi bai ƙaru ba, aka mayar mana da gonarmu. A wurinmu jingina ba ta da wa'adi, ba ta haihuwa, kuma ba ta cinye gona. Haka na je na faɗa wa Inna. Ta tambaye ni har sau biyu ko na tabbata jingina ce ba sayarwa ba, na rantse mata, ta sa albarka.

An ambaci kashi ashirin cikin ɗari, ba zan yi musu ƙarya ba. Ni kuma na ɗauka sau ɗaya ne, kamar la'ada. Na lissafa a kaina, dubu ɗari takwas a kan miliyan huɗu, ya zama miliyan huɗu da dubu ɗari takwas. Suka ce za a riƙa cirar dubu saba'in da bakwai da ɗari uku a albashina duk wata, har shekara goma. Na zaci shekara goman rangwame ne ga wanda ya makara, ni a shekara biyar da ɗan wani abu na gama. Ni da nake tsayawa gaban manoma ina lissafa musu buhun taki nawa eka take ci, ban zauna na ninka lamba biyu ba. In na tuna wannan sai in ji kamar in nutse.

Makon jiya na je banki in ji saura nawa, don na cika shekara biyu ina biya ba fashi. Abin da aka cira a albashina ya kai miliyan ɗaya da dubu ɗari takwas da hamsin da biyar. Ni a lissafina saura bai kai miliyan uku ba. Yarinyar da ke kan kantar bankin ta juyo mini da na'urarta na gani da idona, saura miliyan uku da dubu ɗari shida da casa'in. Wato duk wahalar da muka sha, miya ba nama, yara na tafiya makaranta da takalmi a tsinke, dubu ɗari uku da 'yan kai ne suka fita daga bashin. Na ce mata akwai kuskure, ta ce babu. Na tambaye ta in mutum ya kasa fa, ta ce doka ta ba su ikon sayar da abin da ke cikin takardar. Abin da ke cikin takardar kuwa ba gidana kaɗai ba ne, gonar ce gaba ɗayanta, da tumunin Inna da kason Maimunat. Ban san yadda na tuƙo babur na iso gida ba.

Yanzu ga abin da ya fi tayar mini da hankali. Mijin Maimunat ya kwanta ciwo tun bara, ɓarin jikinsa ya shanye, ita ke ɗauke da gidan. Ta nemi a fitar mata da kasonta ta riƙa nomawa da kanta, kuma gaskiyarta ce. Dattawan gidanmu sun sa rana, Juma'a ta uku daga yau, da an kwashe dawa za a zo da igiya a auna. Tabbas za a ce in kawo takarda. Inna ta riga ta gaya musu jingina ce, in an haɗa kuɗi a kai a karɓo.

Abokina Munir, wanda muke aiki tare, ya ce in mayar da albashina wani bankin in daina biya, wai ba bankin da zai iya shigowa ƙauye ya sayar da gonar gado mutanen gari suna kallo. Wani lokaci sai in ji maganarsa ta shige ni. Ina da shanun huɗa guda biyu da aka taya miliyan ɗaya da dubu ɗari biyu, amma da su nake huɗar gonata, in yi wa wasu in sami na cefane. Kuma in na sayar na kai musu, wa ya san ko haka kuɗin za su narke kamar na baya? Ga kuma tsoron Allah, don yanzu na gane kuɗin ruwa nake biya. Hajiya, cutata aka yi ko ni na cuci kaina? In daina biya? In roƙi dattawa su ɗaga ranar ba tare da na faɗi dalili ba? Wallahi tsoro nake ji, kuma kunyar Inna ta fi tsoron yawa.

Naki, Malamin Gona daga ƙasar Gezawa.

Wa alaikumus salam, Malam. Na karanta wasiƙarka sau biyu, kuma na tausaya maka. Amma bari mu fara da ninka lambobin nan biyu da ka tsallake. Dubu saba'in da bakwai da ɗari uku sau wata ɗari da ashirin ya kama miliyan tara da dubu ɗari biyu da saba'in da shida. Wannan shi ne kuɗin gidanka na gaskiya. Miliyan huɗu ka karɓa, fiye da miliyan biyar kuma kuɗin ruwa ne, ban da inshora da kuɗin takardu in akwai su.

Yarinyar banki ba ta yi kuskure ba. Kashi ashirin ɗin na kowace shekara ne, kuma a kan abin da ya rage a wuyanka ake lissafa shi. A watan farko, cikin abin da aka cira maka, kusan dubu sittin da bakwai ruwa ne, dubu goma da 'yan kai ne suka taɓa uwar kuɗin. Haka abin yake tafiya a shekarun farko, sai can gaba uwar kuɗin take fara raguwa da sauri. Shi ya sa ka ga kamar kana zuba ruwa a kwando.

Ka tambaya ko cutarka aka yi. Wanda ya ce maka jingina ce ya yi shiru bai kyauta ba, domin ya san abin da Bakano ɗan ƙauye yake ji in an faɗi wannan kalma, kuma hakkinka ne a faɗa maka jimillar abin da za ka biya kafin ka sa hannu. Amma kai ma ka ji kalmar da ta yi maka daɗi ka daina tambaya. Kuma ko jinginar Baba ba kyauta ba ce, Malam. Shekara tara Alhaji Sha'aban yana kwashe gero da dawar gonarku. Ka ƙirga damman hatsin nan, za ka ga Baba ya biya fiye da abin da ya ƙirga a gaban dagaci, sai dai a rumbun wani aka zuba. Bambancin da ya kamata ya hana ka sakaci shi ne wannan, ta gari tana jiranka, ta banki tana da wa'adi, kuma tana iya sayarwa.

Saboda haka ka ajiye shawarar Munir. Abokinka yana sonka, amma ba gonarsa ba ce a cikin takardar. Ranar da ka daina biya tara za ta hau kan ruwa, bashin ya kumbura, kuma kai da hannunka ka ba su hujjar da yanzu ba su da ita. A yau ba ka tsallake biyan ko wata ɗaya ba, wannan shi ne ƙarfinka, kada ka zubar da shi.

A wannan makon ka koma banki, ka nemi ganin manaja, ba yarinyar da ke kan kantar ba. Ka karɓi jadawalin biyanka na duk watannin a rubuce, da kwafin yarjejeniyar da ka sa wa hannu. Ka tambaya ko an yarda ka zuba kuɗi kai tsaye a kan uwar bashin, kuma ko akwai tara a kan yin haka. In an yarda, to kuɗin shanunka ba za su narke ba. Na lissafa, in ka sauke miliyan ɗaya da dubu ɗari biyu yanzu, ka ci gaba da biyan abin da kake biya, shekara takwas da ta rage maka za ta dawo kusan huɗu, kuma ka tsira da fiye da miliyan biyu da rabi. Sai dai ka sa su rubuta cewa a uwar kuɗi aka zuba, ba biyan watannin gaba ba. Na san rabuwa da shanun huɗa ba wasa ba ne ga manomi. Ka zauna ka ƙirga abin da suke kawo maka a damina da abin da hayar huɗa za ta ci maka, ka gwada da wancan, sannan ka yanke. Ni dai a ganina shanu ana sake saye. Batun ruwa kuwa ka kai wa malamin da ka amince da shi, ni ba mai fatawa ba ce, amma duk hanyar da ta gaggauta fitar da kai ta rage maka wannan nauyin ma.

Ka kuma kai yarjejeniyar wurin lauya ya duba ko za a iya sake auna filin, a bar wa banki gidan da kasonka, a saki na Inna da na Maimunat. Ba lallai su yarda ba, amma sun fi sauraron wanda ya zo da kuɗi a hannu.

Abin da ba zan goya maka baya a kai ba shi ne ɗaga ranar dattawa a ɓoye. Dukiyar mutum biyu ka sa a hatsari, ko da ba da nufi ba, kuma suna da hakkin su sani tun kafin a zo da igiya. Ka fara da Maimunat, ka je gidanta da ƙafarka, ka faɗa mata lambobin kamar yadda na faɗa maka, ba ragi. Daga nan ku shiga wurin Inna tare. Za ta yi fushi, wataƙila ta yi kuka, ka zauna ka ɗauka. A ranar Juma'ar a auna gonar kamar yadda aka shirya, a kafa alama, a rubuta a gaban dagaci da shaidu cewa kason Maimunat nata ne, tumunin Inna nata ne, bashin kuma naka ne kai kaɗai, kuma in abin ya ɓaci gidanka ne zai fara tafiya. Takardar tana banki, amma ƙasar tana nan, ba abin da zai hana ƙanwarka shuka a daminar da ke tafe.

Mace mai jinyar miji ba ta da ƙarfin da za ta ji wannan labari a bakin wani a tsakiyar taro. Ka je mata gobe, kada ka bari sai jibi. Allah ya ba ka ƙarfin halin buɗe baki, ya ba mijinta lafiya, ya bar muku gonarku.

Hajiya Sakinatu