Ambulan Ɗin da Ke Kabad na Uku

Zuwa ga Yayata,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata wannan takarda za ta same ki lafiya, ke da maigidanki da yara. Allah Ya ƙara miki sauƙin ciwon gwiwar nan, Ya sa kaffara ne. Mu ma nan lafiya, sai godiya. Inna tana nan da ƙarfinta, kullum faɗa take wai ana canza mata wurin ajiye buta. Auta ta gama makaranta, yanzu aikinta barci da latsa waya.

Kin sha tambayata maganar ƙarin girma, ni kuma ina ta yi miki kwana-kwana a waya. To ga yadda abin yake. Shekara shida ke nan mu tara muka kai ma'aikatarmu kotu, saboda an sake jera sunaye an ɗora waɗanda muka riga shiga aiki a kanmu. Bayan nan muka zauna jarrabawar ƙarin girma, sai kwamiti ya ce duk mai shari'a da ma'aikata ba za a faɗa masa sakamako ba, za a rufe a ambulan sai alƙali ya yanke hukunci. Abin haushin, Yaya, ni ce mai kula da ɗakin fayiloli. Ni aka miƙa wa ambulan ɗinmu, ni na kulle su a kabad na uku, makullin yana jakata. Sau ɗaya na ɗaga nawa a taga ko zan hango wani abu. Takardar kauri gare ta, ban ga komai ba, sai kunya da ta rufe ni.

Shari'ar kuwa sai ɗagewa. An canza alƙali sau biyu, mun zauna a bencin kotun nan har mai shara ya san mu. Lauyanmu ya ce doka tana tare da mu, tunda ba laifi ake tuhumarmu da shi ba, bai kamata ƙarar da muka kai ta hana mu haƙƙinmu ba. Ni dai na ji, amma ban ga an buɗe komai ba. Wadda na koya wa ɗinke fayil yanzu ita ce shugabar sashenmu, tana ce min Anti tana sunkuyar da kai. Wallahi na gaji.

Watan jiya ta kira ni ofishinta. Ta tuna min saura wata biyar in yi ritaya, fansho kuma a kan matsayin ƙarshe ake yanke shi. Ta ce in na janye sunana daga ƙarar, a ranar za a buɗe. Kwana uku ina saƙawa da kwancewa, sannan na je wurin Dogo, jagoranmu, wanda ke kwasar mu zuwa kotu a tsohuwar motarsa. Bai ɗago daga takardunsa ba ya ce, "Ki yi abin da zai fisshe ki, ba wanda zai ga laifinki."

Na janye, Yaya. Ashe na ci jarrabawar tun tuni. An ba ni matsayin, har da ofis mai labule. Abin da ba wanda ya gaya min shi ne fitata za ta sa a gyara takardun ƙarar. Lauyan ma'aikata ya nemi haka, alƙali ya ɗage zama sai bayan hutun kotu. Dogo kuwa makon gobe zai yi ritaya, nasa ambulan yana nan a rufe. Shekaranjiya aka kawo takardar sallamarsa da tsohon matsayinsa, kuma a sabuwar kujerata ni ke sa wa irin wannan takarda hannu. Na daɗe riƙe da biro, sannan na sa. Don Allah kada ki gaya wa kowa a can, kada kuma ki yi min barka, ba zan iya amsawa ba.

Ki gaida maigidanki da Baffa da Goggo, ki shafa min kan 'yan biyu. Inna ta ce ki daina hawa bene da gwiwar nan. Ki sa ni a addu'a.

Ƙanwarki.