Ƙofar da Tanko Ya Fasa

Gaya, daren Laraba, 12 ga Maris, 1975

Yau aka fara cin abinci a ɗakin da na zana da hannuna, amma ban da ni.

Tun ina jami'a na ga irinsa a littafin tarihi: tsofaffin gidajen sarakunan Jamus, inda maigida da matarsa ke fitowa daga ɗakinsu su ci abinci a tebur ɗaya. Shi kaɗai na roƙa a sabon gidan nan.

Ina can ina koyarwa, Tanko magini ya toshe ƙofar ɗakin ta cikin gida, ya fasa wata ta waje.

"Malama, gyara miki na yi," in ji shi. "Wurin cin tuwo babu ƙofar waje, maƙwabta ta ina za su shigo?"

Na kai ƙara wurin Malam, maigidana. Ya yi dariya, wai yanzu zaurenmu biyu.

Bayan isha'i mutum bakwai suka hallara, har da kawunsa na Kademi. Suka baje a tabarma, suka jera hulunansu a kan teburin. Ni na ci nawa a bakin murhu, ina jiyo muryar mijina ta bango. Bangon kuwa ya ginu sosai, Tanko ya iya aikinsa.